Darussan Awo da Zaren Gilashi

Zaren gilashin da ke ɗauko intanet shi ne dai ake mayarwa ma'auni. Na'ura na harba ɗan guntun hasken leza cikinsa, kaɗan daga hasken ya dawo baya, daga abin da ya dawo a gane zafi ko miƙewa ko girgiza. Haske na cin kusan santimita 20 a kowace nanodaƙiƙa (kashi ɗaya cikin biliyan na daƙiƙa) cikin gilashi, don haka lokacin dawowarsa ke nuna wurin da abu ya faru. Harbi mai tsawon nanodaƙiƙa 10 na iya bambance wannan mita da ta kusa da ita. Da haka ake gadin bututun mai, madatsun ruwa, wayoyin lantarki na ƙarƙashin ƙasa da hanyoyin da aka huda cikin dutse. Gilashi ba ya ɗaukar lantarki kuma ba ya tartsatsi, shi ya sa ake kai shi inda ake tsoron gobara.

Babban abin da aikin ke koya wa mutum shi ne, abin da zaren ya ji a jikinsa yake faɗa, ba abin da ke jikin gada ko bututu ba. Yawancin awon da ya karkace, ba daga na'ura ba ne, daga yadda aka ɗaura zaren ne.

Ɗauki FBG, wato ƙananan layukan da ake zanawa cikin cibiyar zaren, waɗanda Ken Hill ya fara ganowa a Kanada a 1978. Kowane zane na maido da launi guda na haske. Ana auna launin da tsawon zangon hasken. A kusa da nanomita 1550 (nanomita kashi ɗaya ne cikin biliyan na mita), miƙewar kashi ɗaya cikin miliyan na gusar da launin da pikomita 1.2 (pikomita kashi ɗaya ne cikin dubu na nanomita), digiri ɗaya na zafi kuma na gusar da shi da kusan pikomita 10. Zanen bai san bambancin su biyun ba. Idan rana ta ɗumama shi da digiri 15, za a ga gushewar pikomita 150, wadda mai karantawa zai ɗauka miƙewa ce ta kashi 125 cikin miliyan. A jikin ƙarfe wannan ya yi daidai da nauyin kusan megafaskal 25 (ma'aunin ƙarfin ja ko danna) wanda babu shi sam. Sannan ƙarfen kansa na buɗewa da kusan kashi 12 cikin miliyan a kowane digiri, shi ma sai an cire shi a lissafi. Magani shi ne a sa zane na biyu a sake cikin siririn bututu, ya ji zafi kaɗai. Amma a ajiye shi dab da na farko. In ɗaya na rana ɗaya na inuwa, an yi aikin banza.

Gam ma na da nasa. A kankare wurin har ƙarfe ya fito, a goge da barasar goge-goge, a ɗan ja zaren kafin a manna domin ya iya auna matsewa, a kuma wuce tsawon zanen da 'yan santimita ta kowane gefe. Gam mai kauri na shanye wani ɓangare na miƙewar kafin ta kai ga gilashi, mai laushi kuma na sakin jiki a hankali, sai a ga awo na zamewa wata bayan wata alhali ginin bai motsa ba. Rigar roba da aka saba gani a zare ba ta jure abin da ya wuce kusan digiri 85, ta foliyimid, wata roba mai jure zafi, kuwa na kaiwa wajen 300.

Kebul ɗin sadarwa na yau da kullum an ƙera shi ne don ya kare zaren daga ja, zaren na kwance a sake cikin bututu mai maiƙo. Ya yi wa awon zafi daidai, amma bai dace da awon miƙewa ba. A tsarin Brillouin, wata hanyar awo da ke duba saurin kaɗawar hasken da ya dawo, digiri ɗaya na gusar da saurin da kusan megahaz ɗaya (kaɗawa miliyan ɗaya a daƙiƙa), miƙewar kashi 20 cikin miliyan ma haka, don haka kebul mai kyau na ɗauke da zare biyu, ɗaya a matse ɗaya a sake.

Awon zafi na Raman, wanda ake kira DTS, kwatanta ƙarfin haske iri biyu da ke dawowa daga zaren yake yi. Duk abin da ya rage ɗaya fiye da ɗaya, lanƙwasa ce ko haɗi mara kyau ko iskar haidurojin da ke duhunta gilashi a rijiyar mai, zai fito tamkar canjin zafi. Shi ya sa ake nannaɗe mitoci da dama na zaren cikin ruwan ƙanƙara da ruwan ɗumi masu ma'auni na daban, a kuma harba ta bakin zaren biyu in da hali. Takardar kamfani kan kawo nisa mafi tsawo da daidaito mafi kyau da sauri mafi yawa, amma ba a samun su a lokaci guda. Kafin hayaniyar awo ta ragu da rabi sai an ninka lokacin awo sau huɗu.

Awon girgiza, wanda ake kira DAS, shi ma nisa ne ke masa iyaka. A zare mai kilomita 50, sai harbi ya je ya dawo kafin a sake wani, wato sau 2,000 a daƙiƙa, ba ƙari. Kuma yana jin komai, mota da tafiyar dabba da ruwan sama, har masu gadi su gaji da ƙararrawar ƙarya su daina kulawa. A ganina wannan ya fi lalacewar na'ura haɗari.

Sauran ƙananan abubuwa ne masu cin kwanaki. Cibiyar zaren sadarwa na nesa ba ta fi kusan maikuromita 9 ba (maikuromita kashi ɗaya ne cikin dubu na milimita), ƙura ɗaya ta isa ta toshe ta, don haka a duba bakin mahaɗi da madubinsa kafin a soka. Koren mahaɗi mai goshin da ya karkace da kusurwar digiri 8 ba a haɗa shi da shuɗi. Kada a lanƙwasa zare har nisa daga tsakiyar lanƙwasar zuwa zaren ya yi ƙasa da milimita 30. Kuma mita 12,400 a allon na'ura ba ita ce mita 12,400 a ƙasa ba, saboda rarar kebul da aka nannaɗe a kowane akwatin haɗi. Kafin a miƙa aiki, a bi layin da ƙafa, a buga ƙasa da guduma ko a ɗumama kebul a wuraren da aka sani, a rubuta inda kowanne ya fito a allo.