Me Ke Sauya Al'umma? Ra'o'in Masana da Hukuncin Tarihi

Babu mai musun cewa al'umma tana sauyawa, domin duk wanda ya saurari dattijo yana ba da labarin ƙuruciyarsa ya ji shaida. Inda masana ilimin zamantakewa suka rabu shi ne a kan abin da ke tura sauyin, da kuma ko yana da wata alƙibla da ya dosa. Wasu sun ce tarihi zagaye yake yi, wasu sun ce hawa yake yi mataki bayan mataki, wasu kuma sun ce rikici tsakanin masu abu da marasa shi ne ke jan ragama. A ganina, ra'o'in da suka yi iƙirarin sanin inda duniya za ta ƙare su ne suka fi saurin tsufa, alhali waɗanda suka tsaya ga bayanin yadda wani abu ke haifar da wani a cikin wani yanayi har yau ana cin moriyarsu.

Ibn Khaldun, wanda aka haifa a Tunis a 1332 ya rasu a Alƙahira a 1406, ya yi wa sarakuna aiki a Fas da Garnaɗa, ya ɗanɗana muƙami ya kuma ɗanɗana kurkuku, kafin ya keɓe kansa ya rubuta littafinsa Muƙaddima a 1377. Jigon bayaninsa shi ne asabiyya, wato haɗin kan da ke sa mutum ya yarda ya mutu domin ɗan'uwansa. Mutanen ƙauye da na sahara, waɗanda wahala ta haɗa kansu, suna da ita da ƙarfi, shi ya sa suke iya cin birni da yaƙi su kafa daula. Tsara ta farko tana tuna yunwa da ƙishirwa, ta biyu ta tashi cikin daula amma ta ji labari daga bakin iyaye, ta uku kuwa ba ta san komai ba sai jin daɗi. Daga nan sarki yakan ture danginsa gefe ya dogara da bayi da sojojin haya, kuɗin da fada ke ci ya ƙaru, a ɗaga haraji, manomi da ɗan kasuwa su karaya, abin da ke shiga baitulmali ya ragu duk da ƙarin harajin. Ya ƙiyasta wa daula tsara uku, kowace shekara 40, jimilla 120. A Magrib, wato arewa maso yammacin Afirka, lissafin ya kusa dacewa, domin daular Muwahhidun ta ƙwace birnin Marrakesh daga hannun daular Murabiɗun a 1147, ita ma daular Banu Marin ta ƙwace shi daga hannun Muwahhidun a 1269. Sai dai Daular Usmaniyya ta Turkawa ta haura shekara 600 kafin a rushe sarautarta a 1922, kuma wani ɓangare na sirrinta shi ne ta gina ma'aikatu da rundunar da ba su dogara da dangantakar jini ba, abin da ra'in bai ba shi isasshen wuri ba.

Masanan Turai na ƙarni na 19 sun ɗauki wata hanya dabam. Auguste Comte na Faransa ya ce tunanin ɗan Adam yana bi ta matakai uku, daga danganta komai ga alloli, zuwa falsafa, zuwa kimiyya. Herbert Spencer na Ingila ya ce al'umma tana tasowa daga sauƙi zuwa sarƙaƙiya. Ba abin mamaki ba ne cewa duk wanda ya zana irin wannan tsani sai ya ɗora ƙasarsa a matakin ƙarshe, kuma 'yan mulkin mallaka sun sami hujja a ciki ta cewa sauran jama'ar duniya suna baya ne, dole a ja su. Wannan tunani ya sake dawowa a 1960, lokacin da Ba'amurke Walt Rostow ya jera matakai biyar na bunƙasar tattalin arziki da ya ce kowace ƙasa za ta taka. Hasashen da ya biyo bayan Comte, cewa addini zai shuɗe idan ilimi ya yawaita, shi ma bai tabbata ba a mafi yawan sassan duniya.

Karl Marx, wanda ya rayu daga 1818 zuwa 1883, ya fi su kaifin ido, domin ya tambayi abin da sauran suka kauce masa: wa ya mallaki ƙasa da masana'anta, wa kuma yake yin aikin? A wurinsa, yadda mutane ke samar da abin masarufi shi ne tushe, doka da siyasa kuma a kansa suke zaune. Idan sabuwar hanyar samarwa ta girma har tsohon tsarin mallaka ya matse ta, sai rikici ya ɓarke tsakanin azuzuwan jama'a, sabon tsari ya fito. Ya ga yadda masaƙun Ingila suke cin ƙarfin mata da yara, ya kuma yi tsammanin ma'aikatan ƙasashen da suka fi ci gaban masana'antu ne za su kifar da 'yan jari-hujja. Abin da ya faru ya saɓa da haka. Juyin juya halin da aka yi da sunansa ya auku a Rasha a 1917 da Sin a 1949, ƙasashen da mafi yawan mutanensu manoma ne. A Ingila kuwa rikicin ya bi ta majalisa: dokar 1847 ta taƙaita aikin mata da matasa a masaƙu zuwa sa'a 10, an ba wani kaso na ma'aikatan birane damar jefa ƙuri'a a 1867, an halatta ƙungiyoyin ƙwadago a 1871. Annabcinsa ya faɗi, amma tambayarsa tana nan da ranta.

Émile Durkheim ya duba abin da ke riƙe al'umma kada ta watse. A littafinsa na 1893 ya nuna cewa a ƙaramar al'umma kamanceceniya ce ke haɗa mutane, sana'a ɗaya da imani ɗaya, amma idan jama'a ta yawaita aka rarraba ayyuka, sai buƙatar juna ta maye gurbinta, domin likita ba ya iya rayuwa ba tare da manomi ba. Ya kuma yi gargaɗi cewa idan sauyi ya yi gaggawa, tsofaffin ƙa'idoji sukan rushe kafin sababbi su kafu, mutane su rasa abin da za su auna kansu da shi. Max Weber na Jamus ya ƙara da cewa aƙida ma tana iya tura tattalin arziki. A rubutunsa na 1904 zuwa 1905 ya danganta ruhin jari-hujja da mabiya Calvin, wani malamin Kiristocin Furotesta, waɗanda suka ɗauki aiki tuƙuru da tsimi a matsayin alamar samun yardar Ubangiji. Masu suka sun tuna masa cewa biranen Italiya irin su Florence da Venice, waɗanda 'yan Katolika ne, suna da bankuna da ingantaccen tsarin lissafin kasuwanci tun kafin Martin Luther ya fara tafiyar Furotesta a 1517, kuma sukar tana da nauyi, ko da yake Weber bai taɓa cewa aƙida ita kaɗai ce sanadi ba.

Hanya mafi kyau ta auna waɗannan ra'o'i ita ce a ɗora su a kan abu ɗaya da ya faru a ga wanda zai iya ɗaukarsa. Annobar da ta shiga Turai ta tsibirin Sisili a 1347 ta kashe aƙalla kashi ɗaya cikin uku na mutanen nahiyar a cikin 'yan shekaru, ita ce kuma ta kashe iyayen Ibn Khaldun a Tunis. A Ingila gonaki sun rasa masu noma, ɗan ƙodago ya ga cewa idan wannan mai gona ya ƙi biyan abin da ya nema, na gaba zai biya. Sarki Edward na Uku ya fitar da umarni a 1349, majalisa ta ƙarfafa shi da doka a 1351, cewa kada a biya kowa fiye da ladan da ake biya kafin annoba, kuma kada wani mai lafiya ya ƙi aiki. Dokar ba ta iya tsayar da abin ba, domin masu gonakin da kansu suna karya ta a ɓoye don kada amfaninsu ya lalace a gona. A 1381 manoma suka yi tawaye saboda harajin kai, suka shiga Landan ƙarƙashin jagorancin Wat Tyler, aka kashe shi aka murƙushe su. Duk da haka, kafin ƙarshen ƙarni na 15 tsarin da ke ɗaure manomi ga gonar ubangidansa ya kusa ƙarewa a Ingila, ba da wata doka guda ba, sai ta hanyar gudu da ciniki da mayar da aikin dole zuwa kuɗin haya.

A gabashin Turai ma akwai faɗin ƙasa da ƙarancin masu noma, amma sakamakon ya zama akasin haka. Dokar Poland ta 1496 ta taƙaita wa manoma barin ƙauyukansu, dokar Rasha ta 1649 ta ɗaure su ga iyayen gidansu har abada, ba a kuma kwance su ba sai a 1861. Idan ƙarancin hannu shi kaɗai ne ke 'yanta manomi, da ya 'yanta shi a wuraren biyu. Masanin tarihi Robert Brenner ya kafa hujja a 1976 cewa bambancin yana ga ƙarfin kowane ɓangare: inda ƙauyuka ke da haɗin kai da haƙƙoƙin da suka gada, sun ci ribar ƙarancin, inda masu ƙasa suka haɗe kai suka kuma riƙe wuyan sarki, sun mayar da ƙarancin dalilin ƙara ɗauri. Immanuel Wallerstein, a littafinsa na 1974, ya ƙara wani zare, wato hatsin da ake lodawa a tashar jiragen ruwa ta Gdansk a Poland zuwa Amsterdam, wanda ya sa aikin dole ya zama riba ga masu ƙasa na Poland. A nan tambayar Marx ta yi aiki, haɗin kan da Ibn Khaldun ya yi magana a kai ma ya yi aiki, amma tsanin Spencer bai da abin cewa, domin rabin nahiya ya nufi 'yanci a daidai lokacin da ɗaya rabin ya nufi ƙangi.

Bayanin Wallerstein ɗan'uwan ra'in dogaro ne, wanda ya yi tashe a Latin Amurka bayan Yaƙin Duniya na Biyu, yana cewa talaucin ƙasashen da ke sayar da ɗanyen kaya da arzikin masu sarrafa shi abu ɗaya ne mai fuska biyu. Ra'in ya bayyana abubuwa da yawa da Rostow ya rufe ido a kansu, amma Koriya ta Kudu ta ba shi wahala. Ƙasar ta fito daga mulkin mallakar Japan a 1945 da yaƙin da ya tsaya a 1953 tana cikin matalautan duniya, ta rarraba gonaki ga manoma, ta zuba jari a makarantu, gwamnati ta matsa wa kamfanoni su sayar da kaya a waje, har ta shiga ƙungiyar OECD ta ƙasashe masu arziki a 1996. Masu ra'in matakai ma ba su tsira da ita ba. Masana ƙidayar jama'a sun daɗe suna ɗauka cewa idan ƙasa ta bunƙasa, haihuwa za ta sauka ta tsaya a wajen 'ya'ya biyu ga kowace mace. A Koriya ta Kudu ta sauka daga kusan 6 a 1960 ta wuce wannan iyaka ba ta tsaya ba, har ta kai 0.72 a 2023. Ɗaya daga cikin bayanan da ake bayarwa ya yi daidai da abin da William Ogburn ya rubuta a 1922, cewa fasaha da tattalin arziki sukan yi gaba su bar ɗabi'u da dokoki a baya: mata sun yi karatu sun shiga aiki, amma dogon lokacin ofis da rabon aikin gida da tsadar karatun yara sun ci gaba da tafiya kamar akwai wadda ke zaune a gida tana ɗauke da nauyin duka.