Daga Naivasha zuwa Meru, a sawun fim ɗin zakanya Elsa

Taron da ya kai ni Kenya ya ƙare, ƙanwata da ke karatu a Nairobi kuma ta samu hutu, sai na ce mata mu yi shatar mota mu bi sawun wani tsohon fim. Fim ɗin shi ne Born Free na 1966, labarin zakanyar da wasu Turawa, mata da miji, suka raina tun tana jinjira, daga baya suka mayar da ita daji. Duk wanda ya kalli fim ɗin ya san Elsa, ya san Joy da George Adamson. Wanda ba a cika ambata ba shi ne daraktan, Baturen Ingila James Hill, kuma aikinsa ne na fi so in fahimta a wannan tafiya.

Da asuba muka bar Nairobi. Kafin rana ta yi zafi mun kai bakin gangaren da ake hango Kwarin Rift, ƙasa ta zube can nesa, dutsen Longonot na tsaye a tsakiya. Sanyin wurin ya sa ƙanwata ta ƙara lulluɓa da mayafi. Muka sha shayi mai madara a wata rumfa, muka gangara. Naivasha ba ta kai kilomita 100 daga Nairobi ba, hanyar kudancin tafkinta kuwa cike take da rumfunan leda na gonakin furanni, da ma'aikata a kan kekuna.

A bakin tafkin ne gidan Elsamere yake, wanda Joy ta zauna a ciki, yanzu ya zama masauki da ɗan gidan tarihi. Birai baƙaƙe masu farin gashi a kafaɗa da jela suna tsalle a kan itatuwan ƙaya masu rawayar ɓawo, dorinai kuma na huci daga cikin ruwa. A ciki akwai zane-zanen Joy da hotuna da kayan aikinta. A nan na maimaita wa ƙanwata asalin labarin. George jami'in kula da namun daji ne a arewacin Kenya. A farkon Fabrairun 1956 ya fita neman wani zaki da ya kashe mutum, sai wata zakanya ta taso masa, aka harbe ta. Da suka duba suka ga tana shayarwa, suka bi sawu har suka tarar da 'ya'ya uku a kogon dutse. Biyu an tura su gidan namun daji na Rotterdam a ƙasar Holan, ƙaramar ita ce Elsa. Sun koya mata farauta, ta koma daji, ta haihu, har ta kawo musu 'ya'yanta uku suka gani. Joy ta rubuta labarin a littafin Born Free, wanda ya fito a 1960, ya karaɗe duniya.

"Yaya, to shi wannan Hill ɗin naka ina ya shigo?" in ji ƙanwata bayan mun koma mota.

Direbanmu dattijo ne, ya daɗe yana ɗaukar masu yawon buɗe ido, ya san labarin Adamson ciki da waje, amma ya ce bai taɓa jin sunan Hill ba. Hanyar Gilgil zuwa Nyahururu tana da tsawo, don haka na samu sararin ba su labari.

An haifi James Hill a 1919. Ya fara aikin fim yana matashi a sashen fina-finai na hukumar gidan waya ta Birtaniya, inda ake shirya fina-finan gaskiya, lokacin Yaƙin Duniya na Biyu kuma ya yi aiki a sashen ɗaukar fim na sojojin saman ƙasar. Bayan yaƙi ya yi fina-finan yara. Sannan ya yi wa kamfanin mai na BP wani gajeren fim mai suna Giuseppina, a kan wata yarinya 'yar Italiya da ke zaune a gidan man mahaifinta tana kallon matafiya iri-iri suna tsayawa suna wucewa. Babu wani tashin hankali a cikinsa, kusan babu magana ma. Wannan fim ya ci kyautar Oscar a 1962. A ganina a nan sirrin mutumin yake: ya saba kafa kyamara ya jira abu ya faru da kansa. Wanda zai yi aiki da zaki kuwa ba shi da wani makami da ya wuce wannan, domin ba a ce wa zaki ya sake, bai yi daidai ba.

Mun kwana a hanya, washegari muka isa Naro Moru, a gindin Dutsen Kenya mai tsayin mita 5,199. Yau garin masu hawan dutse ne, da shagunan hayar takalma da rigunan sanyi. A filayen da ke kewaye da shi aka kafa sansanin fim ɗin a 1964. Ba Hill ne aka fara ba aikin ba, wani darakta ne ya soma, daga baya aka miƙa masa. Da farko an gwada zakunan da aka horar don wasan nuna bajinta, abin bai yi ba. Sai aka bi ko'ina ana tattaro zakunan da mutane suka raina a hannu, har suka haura 20, aka ɗauko George da kansa ya kula da su. Bill Travers da Virginia McKenna, waɗanda mata da miji ne a zahiri kuma suka fito a matsayin George da Joy, sun shafe watanni suna fita yawo da zakunan kullum da safe, suna wasa da su, suna kwana kusa da su, har dabbobin suka saba da ƙamshinsu da muryarsu. Aikin ya ci kusan shekara guda. Wani matashin zaki mai suna Boy ya taɓa dira wa McKenna cikin wasa, idon sawunta ya karye, ta warke ta dawo ta ci gaba.

Mun tsaya a gefen titi muna kallon filin. Ciyawa ce gajera mai launin ƙasa, iska na kaɗawa ba ƙaƙƙautawa, gajimare ya rufe kan dutsen. Na ce wa ƙanwata ta tuna inda Elsa ke kwance a rufin Land Rover mota na tafiya, da inda take shiga teku tana iyo. Babu kwamfuta a wancan zamani da za ta ƙirƙiro wannan. Duk abin da aka gani ya faru a gaban kyamara, kuma kowane minti guda an saye shi da dogon jira. Kyaututtukan Oscar biyu da fim ɗin ya samu na kiɗa ne da waƙa, John Barry ya karɓa, ɗaya tare da Don Black. Hill bai samu ko ɗaya ba, kuma har yanzu ina ganin an rage masa haƙƙi.

Daga nan tafiyar ta yi sauri. Nanyuki da allonta mai nuna layin da ya raba duniya biyu, gonakin alkama na Timau, sai gangara zuwa garin Meru mai ayaba da ruwan sama. A tsaunukan Nyambene motocin a-kori-kura ɗauke da ganyen mira, wanda ake taunawa don ƙarin kuzari, suka riƙa wuce mu da mugun gudu, direba ya ce dole kayan su isa kasuwa kafin su yi yaushi. Muka kwana a Maua.

Gandun dajin Meru ya ba ni mamaki. Muna shiga ta ƙofar Murera sanyin tsauni ya ɓace, zafi ya sauko, sai ga goruba jere a bakin rafuka, da rassanta masu rabuwa biyu-biyu, ga kukoki manya-manya, ga jar ƙasa. Ƙanwata ta ce, "Yaya, wannan ai kamar hanyar ƙauyenmu ce." Faɗin dajin murabba'in kilomita 870 ne, koguna da yawa na ratsa shi suna zubawa a kogin Tana. Mun ga giwaye sun yi ja da ƙasar da suka watsa wa jikinsu, mun ga raƙuman dawa da ɓauna, da karkanda a cikin yankin da aka killace musu. A shekarun 1980 mafarauta sun kusa ƙarar da dajin nan, baƙi suka daina zuwa, sai daga baya hukumar namun daji ta Kenya da masu tallafa mata suka farfaɗo da shi. Har yanzu ba shi da cunkoso. Mun yi tafiya mai nisa ba mu haɗu da wata mota ba.

Kabarin Elsa yana can kudu, kusa da kogin Ura, kuma hanyar ba ta da daɗi. Ƙudan tsando suka cika motar, muka rufe gilashi muna gumi. Wani jami'in gandun daji ya raka mu da bindiga a kafaɗa. Kabarin tarin duwatsu ne da aka ɗaure da siminti, da allo mai ɗauke da sunanta da shekarun 1956 da 1961. Ciwon da kaska ke yaɗawa ne ya kashe ta tana da shekara biyar kacal. A nan aka binne wani ɓangare na tokar gawar Joy, wadda wani tsohon ma'aikacinta ya kashe a gandun dajin Shaba a Janairun 1980.

A gaban kabarin ne na faɗa wa ƙanwata abin da fim ɗin bai nuna ba, wanda kuma yake ci mini rai. An yi fim a kan 'yancin zaki, duniya ta yi kuka ta yi tafi, amma da aka gama ɗauka yawancin zakunan da suka yi aikin an tura su gidajen namun daji, suka ƙare rayuwarsu a killace. Uku aka bar wa George: Boy, da 'yar'uwarsa Girl, da wani mai suna Ugas. Ya kawo su nan Meru, ya kafa sansani a gindin dutsen Mughwango, ya koya musu zaman daji. Ko wannan ma bai ƙare lafiya ba. A 1971, bayan George ya koma dajin Kora, Boy ya kashe wani ma'aikacinsa ɗan Kenya, George ya harbe zakin da hannunsa. Mutumin da ya mutu yana da iyaye da dangi, amma a yawancin labaran da ake bayarwa zakin aka fi yi wa makoki.

Jami'in da ya raka mu ya saurare mu shiru, da direba ya fassara masa abin da nake cewa sai ya yi magana. Ya ce baƙo yana zuwa ya ga zaki ya koma gida da hoto, amma manomi Bamere ko makiyayi Baborana da ke bakin daji shi ne ke kwana da shi. Da rani ya tsananta makiyaya kan kutso da dabbobi neman ciyawa da ruwa, zaki ya kama saniya, rai ya ɓaci, wani lokaci a sa guba a mushe. Na gaskata shi, domin mu ma mun san yadda abin ya ƙare a wajenmu: zakunan da suka rage a Najeriya 'yan kaɗan ne, a Yankari da Kainji. A fim ɗin akwai Nuru, Basomalen da ya yi renon 'ya'yan zakin a zahiri, wanda Peter Lukoye ya fito a matsayinsa, amma yana gefe ne, labarin na Turawa biyu ne da zakanyarsu. Wannan gazawar zamanin ce, kuma ba zan wanke Hill daga ita ba.

Abin da zan ba shi shi ne bai ɗauki kyamararsa ya manta da dabbobin ba. Ya sake dawowa Kenya tare da Travers suka yi fim ɗin gaskiya a kan zakunan da George ya saki a nan Meru. Suka yi An Elephant Called Slowly, wanda wata 'yar giwa mai suna Pole Pole ta fito a ciki. Suka ɗauki labarin Christian, zakin da wasu samari biyu 'yan Ostareliya suka saya a kantin Harrods na Landan a 1969, aka kawo wa George ya mayar da shi daji a Kora. A Turai kuma Hill ya yi Black Beauty a 1971, labarin doki, da The Belstone Fox a 1973, labarin yanyawar da ta tashi a cikin karnukan farauta. Kusan duk tambaya ɗaya suke yi: dabbar da ta yarda da mutum, me mutum zai yi da yardar? Daga baya ya koma shirye-shiryen yara a talabijin, ya rasu a 1994, shekarar da Travers ma ya rasu.

Labarin Pole Pole ne ya sa ƙanwata hawaye. Bayan fim ɗin an kai ta gidan namun daji na Landan, kyauta daga gwamnatin Kenya. Shekaru da yawa bayan haka Travers da McKenna suka je ganinta, suka kira sunanta, ta juyo ta miƙo musu hancinta. Ta mutu a 1983, tun ba ta kai ko rabin shekarun giwa ba. A 1984 suka kafa ƙungiyar sa ido kan gidajen namun daji, wadda ta zama gidauniyar Born Free, kuma yau tana aikin bibiyar zakunan Meru tare da hukumar namun daji ta Kenya.

Kora tana tsallaken kogin Tana. A can 'yan bindiga suka kashe George a Agustan 1989 yana da shekara 83, a can kuma aka binne shi. Direba ya ce zuwa can na buƙatar shiri na musamman da rakiyar jami'ai, don haka muka tsaya a bakin kogin, inda ruwa mai launin ƙasa ke faɗowa tsakanin duwatsu a wurin da aka sa wa sunan Adamson. Muka yi sallar la'asar a kan wani faffaɗan dutse, jami'in na tsaye yana duba bakin ruwa saboda kadoji. Washegari muka kama hanyar Embu, muka ratsa gonakin shinkafa na Mwea, muka shiga Nairobi bayan isha'i.