Simintin Da Ya Kayar Mini Da Zauren Kakana

Har yau in na tuna buhu 15 na siminti da na shafe zauren kakana da su, sai raina ya sosu. Gidan yana wani ƙauye kusa da Kura, ginin tubali, rufin azara, ya shekara fiye da 20 ba kowa a ciki. Tsohon maginin da na ɗauko sai da ya ce, "Malam, ƙasa da 'yar'uwarta ake yaɓe ta. In ka rufe ta da siminti, ka toshe mata numfashi." Na ce, "Baba, ai zamani ya wuce nan."

Damina ɗaya ta ishe ni. Ruwa ya bi tsaga ta gefen indararo, ya shige bayan simintin, ya rasa mafita. Daga waje bango sumul, ciki kuwa ya zama kunu. Cikin watan Agusta kusurwar gabas ta zube da asuba, azara biyu suka karye, ga giginya yanzu nemanta wahala.

Muna tona sabon harsashi sai diga ta bugi bakin wani rami zagaye. Saboda gaggawa na ce lebura ya fasa, ya fasa rabi kafin Baba ya daka tsawa. Ya tsuguna, ya shafa cikin ramin, ya ce, "Karofi ne." Wato ramin rini. Uku muka tarar a jere, shuɗin baba bai gama fita daga jikinsu ba.

Ni da na tashi da sanin mu manoma ne gaba da baya! Sai a lokacin Goggo ta buɗe baki, ta ce mahaifin kakanmu marini ne, turkuɗin da ya rina fatake ke kai wa Buzaye.

Abin da ya fi ƙona ni shi ne bayanin Baba: katsin da ke kwanciya a gindin karofi shi ake ƙonawa, a haɗa da dafara (wani tsiro mai yauƙi) da gashin jima (gashin da majema ke cirewa daga fata), a yi laso, shafen gargajiya mai hana ruwa shiga. Wato abin da ya tsare rufin nan shekara da shekaru wataƙila daga ramukanmu ya fito, ni kuma na sa aka kankare shi don siminti ya kama.

Mun sake tayar da kusurwar da tubali, muka shafe da makuba, shafen da ake yi da ɓawon ɗorawa. Bangon yamma har yanzu da siminti. Da rani nake ɓamɓare shi kaɗan-kaɗan da hannuna, ban yarda lebura ya taɓa ba.