Kuɗin kasuwar da ruwa ya ci

Kwangilar karɓar kuɗin kasuwa nake yi a wata ƙaramar hukuma ta ƙasar Haɗeja. Tsarin shi ne kai za ka fara zuba kuɗi a asusun ƙaramar hukuma, su ba ka littattafan rasit, ranar kasuwa kai da yaranka ku bi rumfuna da kara kuna karɓa. Abin da ya haura naka ne, in ya gaza kuwa kai ka sani. A 2022 na biya kuɗin rabin shekara tun farkon damina.

Duk mazaunin gaɓar kogin Haɗeja ya san yadda ambaliya ke zuwa. In ruwa ya yi yawa a Kano, madatsun Tiga da Challawa suka cika, nan yake gangarowa, ya tarar ciyawar kachalla ta toshe masa hanya, sai ya fantsama gonaki da garuruwa. A shekarar, Ringim da Auyo da Kafin Hausa da Guri duk sun ɗanɗana. Mu hanyar da motoci ke shigowa ce ta yanke. Kara ta koma tafki, yara na kamun tarwaɗa a inda ake ɗaure raguna. Makonni aka yi kasuwa ba ta ci ba.

Da ƙafa ta samu, na je sakatariya wurin jami'in haraji neman a mayar mini da kuɗin makonnin. Ya saurare ni sarai, ya ce, "Alhaji, ai ba mu muka kawo ruwan ba, sai haƙuri." Na ce, "Haka ne, yallaɓai, amma ranakun kasuwa na saya, ba a kuma ci su ba." Takardar yarjejeniyarmu shafi ɗaya ce, babu ko kalma a kan abin da za a yi in annoba ta hana aiki, don haka kowa na iya karanta ta yadda ta yi masa daɗi.

Magana da baki ba ta motsa komai a ofis. Na rubuta wa shugaban ƙaramar hukuma takarda, kwafi biyu, na tsaya a rajista har aka buga wa nawa hatimi da kwanan wata. Dagacinmu ya rubuta shaidar ranakun da kasuwa ta tsaya, hakimi ya sa hannu, sarkin kasuwa ma ya sa. Na haɗa da hotunan waya. Amma abin da ya fi aiki shi ne littattafan rasit. Kowane yana da lambobi a jere, kuma an rubuta a rajistarsu lambobin da aka ba ni. Na zube su a teburin ma'aji, ba a yage ko takarda ɗaya ba. Ya ɗaga ɗaya, ya duba lambar farko da ta ƙarshe, ya kira akawu a kawo rajista. Daga nan babu wanda ya ƙara musun cewa ban karɓi komai ba.

Shi ma'ajin ne ya faɗa mini gaskiyar lamari. Kuɗin da ya shiga a matsayin haraji an riga an kashe shi, kuma kasafinsu ba shi da gurbin mayar wa ɗan kwangila kuɗi. Sai majalisar kansiloli ta amince, a rubuta bauca, mai binciken kuɗi ya duba. Kason tarayya kuwa a lokacin ta asusun haɗin gwiwa da jiha yake biyowa, albashi ya lashe mafi yawansa; hukuncin Kotun Ƙoli na a tura wa ƙananan hukumomi kuɗinsu kai tsaye sai a Yulin 2024 aka yanke shi. "In ka nace sai tsaba, za ka daɗe," in ji shi. "Ka nemi a ƙara maka wa'adi."

Hakan na nema, aka kuwa amince a rubuce: makonnin da suka salwanta a ƙara mini su a gaba ba tare da sabon biya ba. Ban ce na fanshe ba. Kasuwar bayan ambaliya ba ta da ƙarfi, shinkafa da gero sun tafi da ruwa, wanda ya kawo akuya ma don ya sayi kwanon hatsi ne, ba ka iya matsa masa a kan rasit.

Da aka zo sabunta kwangila na ce a saka layi biyu: duk ranar da kasuwa ba ta ci ba saboda ruwa ko gobara ko dokar gwamnati, a cire kuɗinta, shaida kuma takardar hakimi ce. Biya kuma wata-wata nake yi daga Yuli zuwa Oktoba. Jami'in haraji ya ɗan ja, daga baya ya sa aka buga.