Ba kowane yaushi ne ƙishirwa ba

Cikin duk abin da aka koya mana a fannin noma a Samaru, tafiyar ruwa a jikin shuka ce ta fi yi mini amfani tun da aiki ya haɗa ni da masu noman rani a bakin kogin Galma.

Malaminmu ya sa mun ɗaure farar leda a reshen darbejiya da hantsi. Kafin la'asar cikinta ya yi gumi, ruwa ya taru a ƙasanta, alhali ko yayyafi ba a yi ba. Daga ganye ya fito. A jikin ganye, musamman bayansa, akwai ƙofofi ƙanana da ido ba ya gani. Ta nan iskar da shuka ke haɗa abinci da ita take shiga, ta nan kuma ruwa ke fita ya zama tururi. Fitar nan ita ke jawo wani ruwan sama: ganye ya ja daga kara, kara ya ja daga saiwa, saiwa ta tsotso daga ƙasa ta wasu siraran gasu da ke jikinta, kamar dai yadda lagwani ke jawo kananzir. Fiye da kashi 95 cikin 100 na ruwan da shuka ta sha wucewa kawai yake yi ya koma sama, amma a hanyarsa yana ɗauko sinadaran ƙasa, yana kuma sanyaya ganye.

Shi kansa ruwan baƙo ne daga nesa. Iskar damina ce ke ɗauko shi daga tekun Atlantika, ta zuba wa Zariya kimanin milimita 1,000 tsakanin Mayu da farkon Oktoba. Wani ya gangara Kubanni ya faɗa Galma, daga nan sai kogin Kaduna, sai Neja, sai teku. Wani ya nutse ya zama ruwan rijiya. Da hunturu ya shigo da busasshiyar iskarsa, sama ta daina bayarwa, sai karɓa.

A lambu na ga inda wannan ilimi yake taɓa aljihu. Manomi ya ga tumatirinsa ya yi yaushi da tsakar rana, hankalinsa ya tashi, ya tayar da inji ya cika fangali. Sau da yawa ba ruwa shukar ta rasa ba. Rana da iska ne suka sa ganye ke fitarwa fiye da yadda saiwa ke iya kawowa, da yamma ta yi sai ta miƙe da kanta. Abin da ya fi ɓata mini rai shi ne ganin shukar da ruwa ya kashe. Saiwa tana numfashi. In ruwa ya kwanta a fangali kwana da kwanaki, musamman a ƙasar fadama mai laka, iskar da ke cikin ƙasa ta ƙare, gasun nan su ruɓe, shuka ta yi yaushi tana tsaye cikin ruwa. Mai gona ya ga haka ya ƙara ban ruwa. Ga kuɗin fetur ya tafi, ga amfanin gona ya bi shi.

Taki ma haka. In aka tula yuriya a gindin barkono, ƙasar wurin takan fi saiwa gishiri, sai ruwa ya juya ya riƙa fita daga saiwa maimakon shiga. Abin da ake cewa taki ya ƙona shuka ke nan.

Wani dattijo da ya tsufa a harkar ya nuna mini hanyarsa. Ya tona ƙasa zurfin yatsa, ya damƙi kaɗan a hannu. Ta dunƙule ba ta wargaje ba.

Na ce, "Baba, to yaushin fa?"

Ya ce, "Yaro, da sassafe ake tambayar shuka. In ka zo bayan asuba ka same ta a kwance, ba ta ruwa. In a tsaye take, ƙyale ta."

Bai taɓa jin labarin ƙofofin ganye ba, amma hukuncinsa daidai yake da na aji, domin da dare ƙofofin kan rufe, saiwa ta samu ta biya bashin rana matuƙar akwai laima a ƙasa.

Yanzu in na shiga lambu, kafin maganar iri ko magani, nakan duba ko ruwa yana da mafita, in kuma nemi a shimfiɗa busasshiyar ciyawa ko ƙaiƙayin shinkafa tsakanin shuke-shuke don rana ta daina kwashe danshin ƙasa a banza. Da wuya mutane ke yarda da farko, domin wanda ya ga shukarsa a langaɓe ba ya son a ce masa ya jira safiya. Nakan roƙi a ba ni fangali ɗaya kawai mu gwada, sauran ya ci gaba da yi musu yadda ya saba.