Ranar da aka damƙa mini agogon liyafar ƙanwata

Asabar, bayan sha ɗaya na dare.

Yanzu na shigo gida, ƙafafuna sai zugi suke yi, amma ba zan kwanta ba sai na rubuta yadda yau ta kasance. Jiya bayan sallar Juma'a aka ɗaura auren ƙanwata a masallacin An-Nur da ke Wuse 2. Yau kuma aka yi liyafar da 'yan Abuja ke ce wa koktel, a wani lambu da ke wajen Jabi. Dogayen tebura ne ba kujeru, mutane a tsaye suna hira, ma'aikata na zagayawa da tire: samosa, ƙananan masa, tsire, dambun nama. Abin sha kuwa zoɓo ne da kunun aya da lemon citta. Kujeru kaɗan aka jera a gefe saboda manya. Ni kuma aikina shi ne riƙe lokacin jawabai, kuma ni na roƙa a ba ni.

Dalilina shi ne abin da na taɓa gani a irin wannan taro, wanda har yau yana yi mini ciwo. Wani dattijo ya riƙe makirfo yana yi wa 'yarsa nasiha daga zuciyarsa, muryarsa na rawa, amma bayan fili ya cika da surutu. Ba rashin tarbiyya ba ne. A dina ta zaune mutum yana da kujera da faranti a gabansa, zai iya jure jawabin rabin awa. A tsaye kuwa, hannu ɗaya da kofi, ɗaya da ɗan faranti, mata a kan takalma masu tsini, minti goma ya isa ƙafa ta fara ƙorafi. Daga nan sai a riƙa zamewa baya, hira ta ɓarke, a lambu kuma iska ke kwashe rabin sautin lasifika. Ban so a yi wa Baffa haka ba.

Sunaye goma sha ɗaya aka turo mini daga ɓangarorin biyu, kowa da hujjarsa. Da taimakon Yaya muka rage su zuwa biyar, sauran muka ba su haƙuri har sai gobe a walima. Ƙawar amarya da abokin ango ba su ba ni wahala ba. Na ce kowa ya rubuta abin da zai faɗa, ya karanta a nutse, ya turo mini muryarsa ta WhatsApp. Magana ta minti uku ba ta wuce shafi guda ba, kuma duk wanda ya gwada a gida zai ji da kunnensa inda ya kamata ya datse.

Manya ne ba a turawa saƙo. Baba bai zo liyafar ba saboda alkunya, don haka Baffa, wanda shi ne waliyyi, shi zai yi magana a madadin gidanmu. Da safe na same shi a masauki bayan ya karya, na durƙusa na gaishe shi.

"Baffa, Allah ya ƙara girma, alfarma na zo nema. Mutane a tsaye za su saurare ku, har da su Goggo. In ba damuwa, minti huɗu."

Ya daɗe yana kallona. "Ke 'yar nan, 'yata zan miƙa wa mutane, ki ce mini minti huɗu?"

Na sunkuyar da kai ban ce komai ba. Can sai ya yi murmushi, ya ce ai ba ni na fara ba. Ya janyo hadisin Ammar bin Yasir da Muslim ya ruwaito, cewa tsawaita sallah da gajarta huɗuba alama ce ta fahimtar mutum. Ya ce in huɗubar Juma'a ma an so a taƙaita ta, ina ga jawabin biki. Na fito daga ɗakin nan kamar an sauke mini dutse daga ka.

Duk tsarin na gina shi ne a kan magariba, wadda a Abuja cikin Disamba take faɗowa wajen shida da kwata. Baƙi su fara isowa huɗu da rabi, bayan la'asar. Na bar musu kusan awa guda su gaisa, su sa wani abu a ciki, don mai jin yunwa ba ya sauraron kowa. Ango da amarya suka shigo biyar da ashirin. Jawabin manya ya zo kafin magariba, tun ƙafafu ba su gaji ba, hasken rana ma yana nan don masu hoto. Na matasa na ajiye shi sai bayan sallah.

Abu biyu na roƙi mai gabatarwa. Kafin ya miƙa makirfo, ya kira mutane su matso gaba, ya kuma faɗa musu cewa minti goma kawai za su bayar. Mutum in ya san iyakar abu, yana iya haƙuri da shi. Na biyu, tire ya tsaya cak muddin babba na magana. Shugabar masu abinci ba ta so ba, ta ce, "Hajiya, samosar nan in ta huce ba ta da daɗi." Gaskiya ta faɗa, shi ya sa na ba ta lokacin tun da wuri don ta jinkirta suya ta biyu.

Baffa ya yi minti huɗu da 'yan daƙiƙu. Ya yi maganar haƙuri da riƙon amana, ya kira ango da "ɗana", ya rufe da "Barakallahu laka, wa baraka alaika, wa jama'a bainakuma fi khair." Tsit kake ji. Idona yana kan Goggo, wadda ta ƙi zama tun da ɗan'uwanta ya miƙe. Ta dafa dogon tebur da hannu biyu, ta zare takalmin ƙafar da gwiwarta ke ciwo, ta taka ciyawa, hawaye na bin fuskarta ba ta share ba. Da jawabin ya kai minti goma sha biyar, da dole an zaunar da ita tun kafin a kai ga addu'ar.

Wakilin dangin ango yana cikin nasa jawabin sai Yaya ya zo ya raɗa mini cewa aminin mahaifin ango ya iso daga Zariya, kuma ana so ya ce wani abu. Ba ya cikin jerin, amma mutumin da ya taso tun daga Zariya ba a ce masa babu wuri. Na duba agogo, shida saura biyar. Na je da kaina na gaishe shi.

"Alhaji, ranka ya daɗe, an zo lafiya? Muna roƙon ku rufe mana wannan zama da addu'a kafin a tafi sallah."

"To, 'yata, Allah ya yi miki albarka. Ƙarfe nawa ake kira a nan?"

Na faɗa masa. Shi da kansa ya riƙa duba agogon hannunsa. Ya ba da ɗan tarihin amincinsu da mahaifin ango, ya yi addu'a mai ratsa jiki, ya sauka da sauran lokacin alwala. Ya samu girman da ya cancanta, ba wanda ya katse shi, ba wanda ya gaji.

Bayan sallah komai ya tafi da sauri. Aka fito da tsire mai zafi, ƙawar amarya ta yi nata, abokin ango ya yi nasa, aka yanka kek, Yaya ya yi godiya. Liƙi ne na ji tsoron zai cinye lokaci, amma tunda dokar Babban Bankin Najeriya ta 2007 ta hana watsa naira a wurin biki, kuma yanzu ana kama mutane a kai, sai aka ajiye kwando kowa ya sa nasa a ciki. Takwas saura kwata aka yi addu'ar tashi, masu komawa Kubwa da Gwarimpa suka kama hanya.

Da na raka amarya mota ta riƙe hannuna ta ce, "Yaya, duk abin da Baffa ya faɗa na ji shi." Abin da nake nema ke nan tun farko.

Gobe walima ce a gida, a zaune kan darduma. Can su Inna da Goggo da sauran waɗanda muka ba haƙuri za su yi nasiharsu iya son ransu, ba zan ɗauki agogo ba. Malama za ta iso ƙarfe goma, kuma ni aka ce in ɗauko ta.