Tarihin Rayuwata, Kashi na 14: Jandarman da Ya Daɗe a Bayan Wani

A makon jiya na tsaya a kan shekarun da na yi a ƙungiyar wasan kwaikwayo ta samariyar unguwarmu a Damagaram, zamanin mulkin Seyni Kountché, kuma ba zan iya wuce wannan wuri ba sai na yi maganar Michel Galabru, ɗan wasan Faransa, domin ba don shi ba da na bar wasa tun kafin in yi aure.

A sinima na fara ganinsa, cikin finafinan jandarmomin garin Saint-Tropez, waɗanda aka fara a 1964 aka ƙare da na shida a 1982. Kowa Louis de Funès yake zuwa kallo, shi ake yi wa tafi, shi yara suke kwaikwaya a hanyar komawa gida. Ni kuwa idona yana kan Galabru a matsayin ajudan Gerber, ƙaton mutumin nan mai kaurin murya da yake tsaye a gefe yana karɓar haukan ƙaramin jandarma, wato de Funès, domin na lura cewa duk dariyar da ake yi a kan fuskarsa take sauka. Dalilina a fili yake: a ƙungiyarmu ni ne dogari, ni ne ɗan sanda, ni ne maƙwabcin da zai shigo ya yi sallama ya fita, alhali shugabanmu ya san muryata ta fi ta wanda yake ba sarauta a kowane wasa. Da na kai kuka wurin Kawu, Allah ya jiƙansa, sai ya ce: "Ɗana, ba a kiran miya da sunan gishiri, amma ranar da babu shi kowa zai sani." A lokacin maganar ba ta sanyaya mini rai ba.

Sai daga baya, lokacin da na je ƙaro karatu Faransa, na san ko wane ne mutumin. An haife shi a 1922 a Safi ta ƙasar Moroko, inda mahaifinsa yake aikin injiniya. A yaƙin duniya na biyu yana cikin samarin Faransa da aka kwasa aikin tilas ƙarƙashin Jamusawa. Bayan yaƙi ya shiga babbar makarantar koyon wasan kwaikwayo ta Paris, ya fita da lambar yabo ta ɗaya, aka ɗauke shi a Comédie-Française, gidan wasan da babu kamarsa a ƙasar, inda ya zauna daga 1950 zuwa 1957 yana fitowa a wasannin marubucin nan Molière. Ashe wanda muke ɗauka ɗan rakiya ne kawai ya fi yawancin taurarin horo. Ya fito a finafinai sama da 200, kuma bai taɓa ɓoye cewa da yawa daga cikinsu don neman abin sakawa a bakin salati ya yi su ba. Wasu sun raina shi a kan haka. Ni ban raina shi ba, domin mai iyali ba ya zaɓen aiki yadda mai suka yake zaɓen magana.

Nan ne maganar Kawu take dawo mini. A shekarar da ƙungiyarmu ta je gasa Yamai, shugaban nan ya rubuta sunayen ƴan wasa ya bar nawa, ya ce dogari ba ya buƙatar suna. Ya rasu yanzu, na kuma yafe masa tun ranar jana'izarsa, amma ban manta ba, kuma ina so jikokina su sani cewa a daren nan ni na riƙe wasan lokacin da sarkinmu ya manta abin da zai faɗa.

Galabru ya samu wanda ya gan shi. Mai shirya fim Bertrand Tavernier ya ba shi matsayin wani mai kisan kai da hankalinsa ya taɓu a fim ɗin Le Juge et l'Assassin na 1976, tare da Philippe Noiret a matsayin alƙali, kuma a 1977, yana da shekara 54, ya karɓi César, babbar kyautar finafinan Faransa, ta gwarzon ɗan wasa, inda ya doke Alain Delon da Gérard Depardieu. Na kalli fim ɗin a Paris, na fito jikina yana rawa, domin muryar da ta saba sa ni dariya ita ce ta tsorata ni. Duk da haka bai ɗaga kai ba: ya koma ya sa kakin jandarma a 1979 da 1982, ya ci gaba da tsayawa a bayan de Funès. Wannan ya fi kyautar girma a wurina.

Bai bar dandali ba har tsufa. A 2008, yana da shekara 85, aka ba shi kyautar Molière ta wasan dandali, kuma ya rasu a Paris ranar 4 ga Janairu 2016 yana da shekara 93. Ni ban samu Tavernier nawa ba, aikin gwamnati ya ɗauke ni daga wasa, kuma gishirin da Kawu ya faɗa bai sa an mayar da sunana cikin takardar nan ba. A mako mai zuwa zan faɗi yadda Inna ta ji labarin tafiyata Faransa daga bakin maƙwabta kafin in sanar da ita.